Mai Jego Ta Ƙoshi, Jinjiri Ya Ƙoshi

Mu a ƙasar Tasawa da Mayahi, labarin haihuwa ba ya jiran mai shela. Da ka ga hayaƙi ya turnuƙe bayan wani gida tun kafin kiran assalatu, ka kuma ji ƙamshin ganyen bedi yana tafasa, ka san an sauka. Kafin hantsi ya dubi ludayi maganar ta kai bakin rijiya, ta kai gidan injin niƙa, ta kai rumfar mai shayi.

"Kun ji an samu ƙaruwa gidan Malam?"

"Kai, madalla! Me aka samu?"

"Baƙuwa ce."

"Allah ya raya. Uwar fa?"

"Lafiya lau, da ƙafarta ta dawo daga likita."

Daga nan kowace mace ta shiga lissafin abin da za ta riƙa, domin a wurinmu ba a shiga ɗakin mai jego hannu na dukan cinya.

Mu kuwa ba baƙin wannan hidima ba ne. Binciken lafiyar iyali da aka yi a faɗin Nijar a 2012 ya nuna cewa, a matsakaicin lissafi, macen jihar Maradi tana haihuwar 'ya'ya sama da takwas. Ko ba a faɗa mana ba mun sani, don daga Korgom zuwa Urafan, daga Kanambakashe zuwa Gidan Amumun, da wuya mako ya fita ba a ji guɗar suna ba. Abin da ake yi kowane mako ya isa a zauna a yi hirarsa: me muke kaiwa, cikin wa yake shiga, kwana nawa yake yi yana amfani?

Mu fara da maigida, tunda shi ke fara shiri. Ciki na shiga wata bakwai, namijin kirki ya fara jibge itace a bayan ɗaki. Wankan jego cin itace gare shi, safe da yamma babbar tukunya tana kan murhu, har kwana arba'in. Tsofaffinmu suna tuna shekarun da suka biyo bayan farin 1973 da na 1984, lokacin da daji ya yi fayau, mata suna hura wuta da kara da kashin shanu. Sassaben zamani ne ya dawo mana da itace, wato barin tohon gawo da kalgo da sabara a gona a riƙa gyara shi maimakon a tumɓuke, dabarar da ta bazu a jihar Maradi tun shekarun 1980. Yau mutum yana iya sassabo reshe a gonarsa ya cika amalanke. Shi ya sa in aboki ya tambaye ni abin da zai kai wa abokinsa da matarsa ta kusa sauka, nakan ce: amalanken itace, ko damin hatsi. Ba a naɗe su a leda mai ƙyalli, amma ranar da aka yi kwana ashirin da haihuwa su za a tarar suna aiki.

In haihuwar fari ce, yarinya gidansu take tafiya wanka. Can uwarta da gwaggonninta za su riƙe ta, su koya mata riƙon jinjiri da sa shi a nono, ita kuwa tana ta sunkuyar da kai don kunyar ɗan fari. In ta saba haihuwa, a ɗakinta take zama, uwar miji ko wata dattijuwa ta zo ta tsaya mata. Ita ce mai tsoma damin ganye cikin ruwan zafi tana fyaɗa mata a jiki, ita ce mai gasa mata baya, ita ce mai korar yara in sun cika ɗaki. Duk mai shigowa gaisuwarta ɗaya ce: "Barka da arziki. Ina ruwan zafi?" Mai jego ta amsa a hankali, "Alhamdu lillahi." Wankan yana warware gajiya, yana kuma ba mace hujjar hutawa, amma zafin da zai sale fata ba magani ba ne. Wadda aka yi wa aiki aka ciro ɗan, sai ta bi abin da likita ya ce game da ɗinkinta kafin a kusanto ta da tafasasshen ruwa.

Ku zo mu leƙa tsakar gida ranar dakan yaji. Gwaggo ta baje citta da masoro da kimba da kanumfari da barkono a kan faifan kaba tun safe, rana ta gasa su har suna ƙaras. Ta juye a turmi, ta jefa ƙuli-ƙuli da ɗan gishiri, 'yan mata biyu suka kama taɓare suna luguden da ake ji har ƙofar gida. Ba a jima ba atishawa ta kama kowa, har akuyar da ke ɗaure a turke, aka bushe da dariya. Gwaggo ta ɗaure hanci da gefen kallabi, ta tankaɗe da rariya, ta maida tsakin turmi, ta sake tankaɗewa, har garin ya yi laushi ya yi ja. Ta cika kwalba ta mai jego, sauran ta ƙulla ƙananan ƙulli don masu zuwa barka. Da dare za ka ga an kwaso tuwon hatsi mai zafi, an kwarara miyar kuka, an ɗiga man shanu, an barbaɗa yajin nan a kai. Macen da ta kwana biyu bakinta ba daɗi sai ka ga ta cinye ta siɗe hannu. Aikin yaji ke nan: buɗe baki. Shi kansa ba ya ƙara jini, abin da ya raka zuwa ciki shi ke yi.

To me yake rakawa? A nan ne hirar take. Cimarmu hatsi ce: kunu da safe, hura da rana, tuwo da dare. Hura mai nono sosai abinci ce ta gaske. Amma mun san irin hurar da ake damawa in rumbu ya yi ƙasa, ruwa ya fi gari yawa, nonon kuwa sai dai a ce an nuna mata. Tana cika ciki, ba ta gina jiki. Macen da ta zubar da jini wajen haihuwa, ga ɗa yana tsotsonta dare da rana, tana bukatar ƙarin kwano guda a kan abin da ta saba ci, kuma kwanon ya zama mai kayan gina jiki. Sai da ruwan ciki ake jan na rijiya.

Abin daɗin shi ne duk kayan a gonakinmu suke. Wake namu ne, ba sai an je ko'ina ba: a dafa shi da shinkafa, a yi ɗanwake, a yi ƙosai, a zuba shi a miya. Gyaɗa tamu ce, da manta da ƙuli-ƙulinta da kununta. Ga riɗi, ga ayar da aka san yankinmu da nomanta. Ga zogale, wanda in aka kwaɗa shi da ƙuli-ƙuli da albasa da ɗan mai ya wuce abin marmari. Ga yakuwa, ga kuka, ga busasshiyar kuɓewa, ga daddawa. Da damina ƙwan zabi yana arha har a bakin hanya. Har yanzu akwai gidajen da ake hana mai ciki da ƙaramin yaro ƙwai, wai kada yaro ya tashi da ɗauke-ɗauke. Tarbiyya ke hana sata, ƙwai kuwa jiki yake ginawa. Wadda ta dafa ƙwai biyar ta kai wa mai jego ta yi mata babbar kyauta.

Sai maganar kunun kanwa, wadda ba a taɓa tayar da ita a gindin bishiya an tashi baki ɗaya ba.

"Ni da shi na yi jegona duka," in ji Inna, "shi ke kawo nono, shi ke wanke ciki."

"Inna, ba a ce a daina kunu ba," in ji wata da ke yawan raka mata awo, "kanwar ce aka ce a rage. Ba ki ga yadda ƙafar wance ta kumbura ba?"

"Wannan ai sanyi ne ya shige ta."

"To sanyin ne ya kai ta kwanciya Maradi."

Gaskiyar magana, tun a shekarun 1970 likitoci a Zariya suka lura da yawan matan da zuciyarsu ke gazawa bayan haihuwa a ƙasar Hausa, suka ɗora zargi a kan yawan kanwa da tsananin zafin wanka da kwanciyar gashi. Binciken da aka yi daga baya a Najeriya ya fi karkata ga ramar uwa da hawan jinin ciki da talauci. Ko wanne aka ɗauka, darasin bai canja ba: a ciyar da mace da kyau, kuma a sassauta hannu wajen kanwa da gishiri, don suna tara ruwa a jiki, suna tayar da hawan jini. Mai jegon da ƙafafunta suka kumbura, ko numfashi ke yi mata wuya in ta kwanta, ko tari ya hana ta barci, ko kai ke sara mata har ido na rufewa, ko jini ya ƙi tsayawa, ko zazzaɓi ya rufe ta, ba ƙarin ruwan zafi take bukata ba. A nemi mota ko amalanke a kai ta likita a ranar. Kunu kuwa a ci gaba da damawa, a sa masa gyaɗa da tsamiya, ta sha ta ƙoshi.

Kafin suna akwai ƙauri. Maigida ya sayo ƙafafun sa ko kai, a kwana ana dafawa da kayan yaji har ƙashi ya saki, a zuba wa mai jego romon, a aika wa maƙwabta da dangi. Ranar suna kuwa, tun da sassafe an shimfiɗa tabarmi a ƙofar gida, an raba goro da dabino da alewa, liman ya yi addu'a, an yanka rago, an faɗi suna, maroƙi ya ɗaga murya ya kai shi cikin gida, guɗa ta tashi. Wanzami ya zo ya yi aski. Nama kuma kowa da rabonsa: na ungozoma, na wanzami, na malamai, na dangin uwa, na dangin uba. Wannan rabo yana da kyau, shi ne zumunci. Abin da nake roƙo shi ne a fara cire na wadda aka yi taron dominta. Hanta tata ce, don ba abin da ya kai ta mayar da jini. A soya mata tsoka mai yawa, a tsane, a zuba a kwano mai murfi a kai ɗakinta, ta riƙa ɗauka kullum. Sau da yawa ana watsewa a bar mai jego da wuya da ƙashi, alhali ita ta sha wuyar.

Da la'asar fage ya koma na mata, kuma a nan ake biki. An shimfiɗa tabarma a tsakar gida, babbar ƙawar mai jego ta zauna da faranti a gabanta, wata yarinya 'yar makaranta tana gefe da littafi da biro. Mace ta shigo ta durƙusa, ta kwance bakin zane ta ajiye. Ƙawa ta ɗaga ta faɗa da ƙarfi: "Dala ɗari da sabulu biyu!" A rubuta. "Jika guda da turmin atamfa!" A rangaɗa guɗa, a rubuta. Kowa ta san ƙa'ida: abin da aka kawo miki, ranar hidimar mai shi za ki mayar, kuma bisa al'ada da ƙari, sau da yawa ninki. Wadda ta kawo dala ɗari tana sa ran jika. Har wata masaniyar tarihi 'yar Amurka, Barbara Cooper, ta yi bayanin wannan tsari a littafinta kan aure a Maradi da ya fito a 1997. Biki asusu ne da mata suka gina wa kansu ba da takardar kowa ba, kuma ya rufa wa da yawa asiri. Inda yake ciwo shi ne in ninki ya yi ta hawa har mace ta sayar da akuyarta ko ta ci bashi don kada a ce ta gaza. Ƙawaye na gaskiya sukan zauna su ce, "Mu tsaya a nan, mu koma ƙasa mu sake farawa." Wannan ba gazawa ba ce, hankali ne.

Yanzu mu buɗe ledojin da aka tara a ƙuryar ɗaki. Wanda ya je kasuwar Tasawa ranar Lahadi ko ta Mayahi ranar Litinin ya san layin kayan jarirai: 'yan riguna masu hula da safa, hoda, mai, turare, tawul, baho da bokiti na roba. Ido yana so, hannu yana ɗauka. Sai a wayi gari jinjiri yana da riga goma sha masu girma ɗaya, kafin wata biyu duk sun matse shi. Da masu kawowa sun yi shawara, da wata ta sayi ta ɗan wata shida, wata ta ɗan shekara. Sabulu kuwa ba ya taɓa yin yawa, don wankin mai jego ba ya ƙarewa. Zanen goyo da majanyi mai ƙarfi za su yi shekara biyu suna aiki. Tsofaffin zannuwa masu laushi, wankakku, sun fi sabuwar atamfa mai kauri daɗi a jikin jinjiri. In da hunturu aka haihu, hula da safa da bargo su ne gaba, musamman ga bakwaini, wanda ba abin da ya fi masa kamar a kwantar da shi a ƙirjin uwarsa, fata da fata, a lulluɓe su tare. Fitila mai cajin rana tana taimakon uwa wajen shayarwar dare. Tabarmar kaba sabuwa, irin wadda matan Gulbin Kaba ke saƙawa, kyauta ce ta gida mai daraja. Sange kuwa, gidan sauro mai magani, in babu shi a ɗakin to shi ne farkon abin saye, balle in haihuwar ta faɗo cikin damina.

Akwai kuma kyautar da gara a bar ta a kanti. Gwangwanin madara da kwalbar shayarwa suna da kyan gani a cikin kaya, amma a gidan da ruwa daga rijiya yake, wuta kuma ta itace ce, wanke kwalbar nan yadda ya kamata kowane lokaci abu ne mai wuya, kuma ƙarshenta zawo. In gwangwani ya kusa ƙarewa sai a fara tsinka shi da ruwa, nonon uwa kuma ya riga ya ja baya. In ba likita ne ya ce a ba da ita don wata larura ba, kuɗin madarar a saya wa uwa wake da nama.

Wannan ya kawo mu bakin jinjiri, inda kowa ke son ya sa wani abu don ƙauna. Wata ta kawo zuma, wata ta kawo ɓauri, wata ta ce a ba shi ruwa don zafin bazara ya yi yawa, wata ta ce a matse dakashi a zubar sai farin nono ya zo. Duk da kyakkyawar niyya ake yi. Amma dakashin nan, ruwan nono na farko mai kauri mai launin rawaya, shi ne kariyar farko da Allah ya tanadar wa ɗa, kuma ana son a sa shi a nono cikin sa'ar farko. Zuma ba ta dace da yaron da bai cika shekara ba, don tana iya ɗauke da ƙwayar cutar da hanjinsa bai iya yaƙa ba. Ruwa kuwa yana cikin nonon, ko da a watan Afrilu ne da rana ke narka mutum. Uwar ce za a ba ruwa da hura ta sha sosai, shi kuma a ƙara sa shi a nono. Hukumar Lafiya ta Duniya da ma'aikatan likitarmu bakinsu ɗaya: nono zalla har wata shida. A binciken nan na 2012, jarirai 23 cikin 100 ne kawai suke samun haka a Nijar. Kakanni su ne masu iko a ɗakin jego, don haka su ne za su iya gyara wannan. In Kaka ta ce ba a ba jikanta ruwa, wa ya isa ya ba shi? Haka ma cibiya: a bar ta da tsabta, a sa maganin da likita ya bayar, ban da toka, ban da man goge haƙori. Cire beli kuma, wanda wasu ke haɗawa da askin suna, jini da ciwo yake jawo wa ɗan kwana bakwai, gara a tsaya a aski.

In wata shida ya cika, ga wata dama ta kyauta da ba mu cika tunawa da ita ba. A soya hatsi sama-sama, a soya wake a cire ƙowa, a soya gyaɗa, hatsin ya fi yawa, a kai injin a niƙa, a zuba a roba mai murfi a kai wa uwa. Ta riƙa dama masa kunu mai kauri, ba tsararo ba, tana ɗiga ɗan mai, tana ci gaba da ba shi nono. Mu da muka ga yunwar 2005, muka ga layin uwaye a cibiyoyin tamowa na jihar nan, mun san a wannan tsakanin ne yara suka fi faɗawa, daga fara cin abinci zuwa yaye. Tiya ɗaya ta irin wannan gari ta fi rigar salla.

Lokacin haihuwa ma abin dubawa ne. Wadda ta sauka da kaka ta faɗo cikin wadata: rumbu cike, wake sabo, gyaɗa a tsakar gida, mazaje suna gari. Wadda ta sauka tsakiyar damina, a Yuli ko Agusta, ta faɗo lokacin da hatsin bara ya ƙare, sabo bai nuna ba, tiya ta yi tsada, kowa yana gona, sauro ya yi yawa. Wadda ta sauka da rani kuma sau da yawa mijinta yana bida a Kano ko Legas ko Agadas ko Libiya, sai dai ya turo abin da ya samu ta kamfanin aika kuɗi na Nita ko Amana. Bai kamata kyautarmu ta zama iri ɗaya ga waɗannan mata uku ba. Ta damina a kai mata hatsi da wake ko da ba a kai atamfa ba. Ta rani a duba wa ke ɗebo mata ruwa.

Ga inda na fi son mu gyara. Duk ƙarfinmu muna zuba shi a rana ɗaya. Ranar suna gida ba masaka tsinke, abinci har ana bai wa almajirai. Kwana uku bayan haka dangi sun koma garuruwansu, tukwanen aro an mayar, naman ya ƙare. Je ki gidan ranar sha biyar ko ashirin, za ki tarar da mai jego ta ɗaure ciki da zane tana surfe, ko tana jan guga, ga jinjiri yana kuka a ɗaki, ga na goye da aka yaye yana jan zanenta. A wannan lokacin ne take bukatarmu, kuma a lokacin ne ba ma nan. Zumunta a ƙafa take, kuma ƙafar ba ranar suna kaɗai aka yi ta ba.

Ba sabon abu nake kawowa ba, mun iya tsara kanmu. A jihar Maradin nan aka fara ƙungiyoyin Mata Masu Dubara a 1991, tare da ƙungiyar CARE, mata suna zuba ɗan abin da suka samu kowane mako a akwati, suna ba juna rance. Daga nan dabarar ta bazu zuwa ƙasashe da dama na Afirka da wajenta. Matan da suka koya wa duniya asusu ba za su kasa raba kwanakin jego a tsakaninsu ba. In mu goma ne a ƙungiya ko a layi, kowace ta ɗauki kwana uku ko huɗu daga bayan suna zuwa arba'in. Ranarki, ki aiko da kwanon abinci mai wake ko ganye ko ɗan nama. In babu abin dafawa, ki zo ki yi mata daka, ko ki turo 'yarki ta ɗebo ruwa, ko ki kwashi wankin, ko ki tafi da manyan yaran gidanki su wuni, ta samu ta runtsa. Wadda ba ta da ko dala tana da hannu, kuma wannan kyautar ba a rubuta ta a littafin biki, balle a ce sai an ninka.

Maza ma da nasu. Ban da itace da rago, maigida ya riƙa shigowa da 'yar tsaraba ta mai jego ita kaɗai: tsire, ko kilishin da aka san Tasawa da shi, ko cuku, ko lemu da ayaba in an samu. Ya tabbata ta shanye ƙwayoyin ƙarin jinin da aka ba ta. Ya kai ta awon bayan haihuwa ko da tana cewa lafiyarta lau. Ya adana katin rigakafi, ya san ranakunsa: ta farko da haihuwa, sai mako shida, mako goma, mako sha huɗu, wata tara, da sauran da likita zai faɗa. Tun 2006 gwamnati ta ɗauke kuɗin awon ciki da na duba yara 'yan ƙasa da shekara biyar a likitocinta, don haka kada tsoron kuɗi ya sa a zauna da yaro yana zazzaɓi. Ya kuma je a rubuta haihuwar a karɓo takarda tun da wuri, don ranar shiga makaranta da ranar jarrabawa ita za a tambaya. Kawu ko baffan da ya ɗauki wannan zirga-zirga a kansa ya yi wa yaro kyautar da za ta bi shi har tsufa.

Kakanni masu hali kuwa, ba abin da ya kai 'yar akuya. Jar akuyar Maradi an san ta da yawan tagwaye da nono mai kyau. In aka ɗaure wa jinjiri ɗaya ranar suna, uwa ta sha nonon a hurarta tana shayarwa, kafin a yaye shi akuya ta zama uku ko huɗu, ranar da ciwo ko makaranta ta taso akwai abin kamawa. Iyayenmu sun daɗe suna yin haka, bai kamata leda mai ƙyalli ta ture shi ba.

Ranar arba'in mai jego ta yi wankan ƙarshe, ta yi kitso da lalle, ta saka sabon zane, ta goya ɗanta ta shiga gari yawon godiya. Wadda ta je wankan gida kuma a rako ta ɗakinta da gara. A ranar kowa yana kallonta, kuma jikinta ne ke ba da labarin unguwarsu. In ta fito da ƙarfinta, fuska cike, yaro ya yi ɓul-ɓul a bayanta, sai ka ji ana cewa, "Kai, wance ta ji jego!" Yabon ba nata ba ne ita kaɗai, na duk wanda ya kai kwano ne, da wanda ya sari itace, da wadda ta yi daka. Don haka in an sake cewa an sauka a layinmu, mu je barka, mu ci suna, mu yi biki daidai ƙarfinmu, sannan kafin mu watse mu tambayi juna: wa ke da ranar tara, wa ke da ranar goma? Allah ya raya mana abin da aka samu, ya ba uwayensu lafiyar shayarwa, masu ciki kuma Allah ya sauke su lafiya.